Jagoran Inna Dela

Likitan ido a Kano bai yi wani kwana-kwana ba. Ya sa aka fita da Inna waje, ya dube ni ya ce hawan jinin ido ne, kuma ya riga ya yi nisa. Idon hagu ya tafi, na dama yana bin sahu. Ya ce a ci gaba da ɗiga magani, amma in akwai abin da take son gani, kar a jira baɗi.

Na fito na same ta a benci tana koya wa wata mata yadda ake gane daddawa mai kyau. Ta ce, "Auta, me ya ce?" Na ce ya ce sauƙi yana nan tafe. Ta ce to madalla, ta koma kan daddawarta. A mota na yi ta haɗiye kuka har muka iso Gwiwa, ita kuwa tana gyangyaɗinta.

Abin da Inna Dela take son gani ba ɓoyayye ba ne. Tun ina yarinya, duk sanda muka shiga Kazaure biki ko gaisuwar mutuwa, in an zo inda ake hango ruwan dam sai ta leƙa ta taga ta ce, "Ruwan nan, wata rana sai na tsaya na kalle shi da kyau." Ba ta taɓa tsayawa ba. Kullum akwai wadda ta haihu ko wanda ya rasu, motar komawa kuma ba ta jiran kowa. Na ƙudura a raina kafin in koma bakin aikina a Dutse sai ta ga ruwan nan da idonta, ba tare da ta san dalilin gaggawar ba.

A waya na ci karo da tallan wani Jalaluddeen. Wai ziyarar yini guda zuwa birni mai tarihi na bakin ruwa, mota taka kai kaɗai, jagora naka kai kaɗai. Na karanta har ƙasa ina jiran in ga Legas ko Kalaba, ashe Kazaure yake nufi, Kazauren nan da muke zuwa gyaran waya. Na yi dariya ta ishe ni, sannan na kira shi muka tsayar da rana.

Na sami Inna a tsakar gida tana tsintar wake, tana kai faifan har kusa da hancinta. Na ce, "Inna, jibi za mu yawon buɗe ido. Na samo miki jagora."

Hannunta ya tsaya a cikin waken. Ta ce, "Jagora."

"E. Naki ke kaɗai, ba da kowa za ki raba shi ba."

"Har an kai nan?"

"Ai yanzu haka ake yi, Inna. Ko'ina ya sani."

Ta ci gaba da tsintarta, ta ce, "To Allah ya sa mai haƙuri ne."

Na tashi ina jin daɗi wai ta yarda ba gardama. A Gwiwa jagora ɗaya aka sani, shi ne mai riƙe wa makaho sanda. Kowace tsohuwa a unguwarmu za ta gane haka tun kafin in rufe baki. Ni da boko ya toshe wa kunne ban ji abin da bakina ya faɗa ba, kuma haka na yini jibin nan ban ji ba.

Da sassafe Jalaluddeen ya iso a wata ƙaramar mota da aka wanke har tana ɗaukar ido. Zai yi shekara talatin, ya sha shadda mai sitati, ya rataya wata 'yar lasifika a wuya. Ya durƙusa ya gaida Inna, ita kuwa ta ƙare masa kallo da idon nan ɗaya kamar za ta sayi rago.

"Ɗan wane ne kai?"

Ya faɗa mata, har kakansa na wajen uwa a Roni.

"Ka taɓa yin wannan aikin?"

"Sau da yawa, Hajiya. Har Turawa na taɓa yi wa."

"Allah sarki. Ashe abin har su."

"Ai sun ma fi mu buƙata. Karatunsa na yi a jami'a."

"Ikon Allah. Yanzu shi ma sai an je jami'a." Ta gyara mayafi. "Yi tafiya in gani."

Ya dube ni, na ɗaga kafaɗa. Ya taka zuwa bakin zaure ya dawo.

"Sauri gare ka, Jalo. Za ka rage."

Daga nan sunansa ya koma Jalo, bai kuma yi gardama ba. Inna ta shiga ɗaki ta fito da wani dogon abu naɗe a tsohon zane, ta ajiye a kan cinyarta a mota. Na ɗauka rake ce za ta kai wa wani tsaraba, ban ko tambaya ba.

Muna hawa titi ya kunna lasifikarsa, mu uku rak a mota. Muryarsa ta cika ko'ina. "Barkanku da zuwa. A farkon ƙarni na sha tara..."

"Kashe wannan abin," in ji Inna. "In kana surutu yaya za ka ga rami?"

Ya kashe. Ya ce tsarin da ya yi mana shi ne mu fara da duwatsu, mu shiga cikin gari, mu ga ƙofar fada, sannan mu ƙare a bakin ruwa. Na ce a'a, ruwan za mu fara. Inna ta ce unguwar Kanti za mu fara, gidan Ma'u. Ma'u 'yar ƙanwarta ce, ta haihu watan jiya. Na buɗe baki, ta riga ni.

"So kike a ce na shigo gari ban yi barka ba? Leƙawa kawai zan yi."

Duk wanda ya san Inna ya san irin leƙenta. A ƙofar gidan ta tsayar da Jalo, ta nuna masa ƙasa. "Ka ga kwatar nan? Ka riƙe ta. Akwai dutse a gefenta, shi ake takawa." Ya ce to Hajiya. Ya duƙa ya duba kwatar da kyau, ya tambaye ta ko tana da daɗewa. Ta ce ta girme shi. Sai ya ciro waya ya ɗauke ta hoto.

A cikin gida Inna ta ja Ma'u gefe suka yi ƙus-ƙus, na ga Ma'u ta dafe ƙirji. Ni ina ta kallon agogo, ban kawo komai a raina ba. Kafin wani lokaci matan gidan suka fara leƙa zaure ɗaya bayan ɗaya, suna ganin Jalo. Aka aika masa da kwanon dambu shaƙe da mai. Surukar Ma'u da kanta ta fita ta ce masa, "Allah ya ba ka ladan wannan aiki, ɗan nan. Ba kowa ke iya shi ba."

Da muka koma mota fuskarsa sai walƙiya take yi. Ya ce mini, "Hajiya Nafisat, tunda na fara sana'ar nan ba a taɓa girmama ta irin yau ba. Mahaifina kullum cewa yake yawon banza nake yi."

"Ba yawon banza ba ne," in ji Inna daga baya. "Aikin lada ne. Unguwar Gabas za mu."

A Unguwar Gabas ta'aziyya ce, ta wani bawan Allah da ya rasu tun bara, har iyalansa sun fara mantawa Inna ta je ta tayar musu da kuka. Daga nan sai shagon Maman Wisdom, wadda ta taɓa zama maƙwabciyarmu a Gwiwa lokacin da mijinta yake koyarwa a can. Ita ma aka yi ƙus-ƙus, ita ma ta yi wa Jalo addu'a irin tasu, ta cusa masa lemon kwalba. Ko'ina muka tsaya Inna sai ta nuna masa wani abu: nan akwai tudu, nan soron gajere ne sai an sunkuya, gidan can akwai kare. Shi kuma duk inda ya hango tsohuwar katanga sai ya gyara murya ya ce, "A farkon ƙarni na sha tara," ita kuma ta ce ya dubi gabansa.

Aka yi azahar a wani gida, aka yi la'asar a wani. Bayan mota ya cika da ƙullin kuka, da gyaɗa, da wata zabuwa mai rai da aka ɗaure wa ƙafa, wadda ta fi lasifikar ƙara. Na leƙa sama na ga rana ta karkata sosai. Likita ya ce da yamma ganinta ya fi raguwa. Tsoro ya kama ni, ni kuwa in na tsorata faɗa nake yi.

"Inna, wallahi ba don gaishe-gaishe na kawo ki ba. Yini guda muna bin gidajen mutane."

"To ba sai ya san gidajen ba? Ko ke za ki dinga zuwa daga Dutse kina kawo ni?"

Ban tsaya sauraron maganar ba. Na ce wa Jalo ya kai mu bakin ruwa yanzu, ko gidan wa aka ambata kar ya taka birki.

Mota ba ta ƙarasawa har bakin ruwan, sai an taka wata 'yar hanya mai duwatsu. Muka fito. Inna ta warware zanen nan a hankali, sai ga sandar Baba, wadda ke jingine a bayan ƙofarta tun da ya rasu. Ta riƙe kanta, ta miƙa wa Jalo ɗaya bakin.

"Kama nan. Kai a gaba, ni a baya. In da dutse ka ce dutse."

Ladabi ya sa ya kama. Suka fara tafiya, shi da shaddarsa da lasifika a wuya, ita tana binsa tana ce masa ya rage sauri. Ni na tsaya a jikin mota ina kallon su. Sai ga wani masunci ya taho da komarsa a kafaɗa. Ya ratse musu hanya, ya ce, "Sannu Inna, Allah ya ba da haƙuri." Ya ciro kifi ɗaya ya danƙa wa Jalo. "Ungo, samari. Allah ya yi maka albarka."

Jalo ya tsaya, sanda a hannun dama, kifi a hannun hagu. Ya dubi wannan, ya dubi wancan, sannan ya juyo.

"Hajiya Nafisat, wane irin jagora kika ce mata ni?"

A nan ne kunnena ya buɗe. Na ji maganata ta ranar nan tiryan-tiryan, da yawon buɗe idon, da naki ke kaɗai.

Jalo ya ce, "Hajiya, ni fa tarihi na karanta. Gari nake nuna wa baƙi."

"Tarihin zai hana ni faɗawa kwata?" in ji Inna.

Jalo yaron kirki ne, wannan kam na shaide shi. Ya dubi fuskata, ya mayar wa Inna bakin sandarta da hannu biyu, ya ce bari ya je ya duba zabuwar nan. Ya tafi da kifinsa.

Na ƙaraso na ce, "Inna, ba irin wannan jagoran ba ne. Ruwa kawai nake so ki gani."

"Don me yanzu?"

Na kau da kai wajen duwatsu.

"Auta, ido ne ya lalace, ba hankali ba. Likitan da zai ce sauƙi yana tafe ba ya fitar da mai ciwo waje." Ta dogara sandar. "Ni na ɗauka kin yanke shawara ne. Na ce yarinya tana da aikinta, ta samo wanda zai riƙe ni, ba laifi ta yi ba. Na ji zafi, ba zan ɓoye miki ba. Amma na ce bari in koya masa hanya tun ina gani."

Kunya da baƙin ciki suka rufe ni. Kwana biyu uwata tana zaton na sallama ta ga ɗan haya, kuma ko fuska ba ta canza mini ba. Na laluba jaka na ciro baƙin gilashi na toshe idona, na kama hannunta muka ƙarasa.

Ruwan ya shimfiɗu har gindin duwatsu, rana ta kwanta a kansa. Can nesa akwai kwalekwale biyu, da shanu suna sha a gefe. Na dinga nuna mata ina lissafo su.

"Kin gani, Inna? Kin ga kwalekwalen?"

Ta ƙanƙance ido, ta ɗan karkata kai. "Ina ganin haske. Kamar an wanke faranti an kifa a rana." Ta gyaɗa kai. "Yana da yawa kam. Ba ƙarya."

Sai ta juyo gare ni. "Mene ne wannan kika ɗaura a fuska kamar direban tirela? Cire."

Na cire. Ta jingina sandar a jikinta, ta kama fuskata da hannu biyu, ta juya ni wajen da rana take. Ta matso har ina jin ƙamshin goro a numfashinta. Ta bi goshina da kallo, ta sauko a hankali, ta share mini hawaye da babban yatsa don suna hana ta gani.

"Hancin ubanki ne dai," ta ce. "Na ɗauka in kin girma zai gyaru."

Dariya da kuka suka haɗe mini. Na ce, "Inna, ruwan yana bayanki. Rana za ta faɗi."

"Na gan shi," ta ce. "Tsaya cik, kina motsi."