Sa Hannun Sayali

Shekara talatin Bhalchandra Dhote ya yi yana duba tikiti a jirgin ƙasa, aikin kuwa ya bar masa ciwon da ba ya jin magani: duk wanda ya gani, akwai abin da yake ɓoyewa. Ko mai albasa ne ya yi masa gyara, sai ya sake aunawa a gida.

Saboda haka da aka fitar da zagaye na uku na rabon guraben karatu babu sunan 'yarsa Sayali, bai yi wata-wata ba ya ce an yi cuwa-cuwa. A zagaye na biyu likitancin haƙori aka ba ta a wata kwaleji mai zaman kanta a Nagpur, ya ce ta riƙe kafin babban ya fito. Yanzu ga yaran da ta fi maki sun samu cikakken likitanci a kwalejin gwamnati, ita shiru.

Ya dira ofishin kwalejin. Akawunsu, wani dattijo mai suna Pendse, ya zaro masa takardar da ɗalibi kan cike in ya gamsu da gurbinsa, don a cire shi daga sauran zagaye. Ga sunan Sayali, ga sa hannu.

"In ta bar mu yanzu, saheb, tarar rupi miliyan ɗaya ce," in ji Pendse, saheb ɗin nan kuwa yallaɓai ke nan a bakinsu. "Sai an biya za mu saki takardunta na makaranta."

"Ka iya kwaikwayon hannu, tsoho," in ji Dhote. "Mu haɗu a kotu."

Lauyar da ya ɗauka, Madam Lanjewar, ta saurare shi har ya gaji don kansa. Ta ce za a iya roƙon kotu ta soke takardar, ta dakatar da tarar, amma sai yarinyar ta rantse a rubuce cewa ba hannunta ba ne.

"Ka dai tambaye ta ko?"

"In tambaye ta me? 'Yata ce."

Tun daga wannan tambaya ya sa lauyar ma cikin waɗanda bai yarda da su ba. Da ya hango ta tana shan shayi da lauyan kwalejin kuwa, sai ya ce ai ga shi nan, an gama sayar da shi.

Ranar Alhamis da hantsi shi da Sayali da lauyar suka tsaya a harabar kotu, gaban teburin mai rantsarwa, layi a bayansu. Dhote ya miƙa wa Sayali biro. Ta karanta takardar rantsuwar har ƙasa, ta koma sama.

"Jarrabawa ce? Sa hannu mu tafi."

"Madam, in na sa, me zai sami Pendse?"

"Aikinsa zai tafi," in ji lauyar. "Wataƙila har 'yan sanda."

Sayali ta ajiye biron. "Baba, ni na cike takardar kwalejin."

Ya kama hannunta ya ja ta gefe. "Wa ya tsorata ki? Pendse ne ko? Ko wani yaro ne a ajinku?"

"Ba kowa. Karatun nake so. Sau uku ina gaya maka, kana cewa mai ciro haƙori ba likita ba ne. Da na ga ba za ka ji ba, na je na sa hannu. Pendse ma sai da ya ce in koma gida in yi shawara da kai."

"Kika bar ni ina zagin mutum a ofishinsa?"

"Tsoronka nake ji, Baba."

Wannan ta fi komai yi masa ciwo. Ya buɗe baki zai sake tambayar wanda ya zuga ta, ya duba ya ga babu sauran mai laifin da zai kama. Kunya ta rufe shi.

"Saheb, za ku rantse ko in kira na baya?" in ji mai rantsarwa.

Dhote ya ɗauki biron ya riƙe, yana kallon 'yarsa. Ya san sarai in ya daka mata tsawa ɗaya za ta sa.

"Kira na baya," in ji shi.