Filafilin Abdulghaffar

Ɗana Abdulghaffar ya rasu a asibiti, zazzaɓi ne, shekararsa ta uku a jami'a. Kafin hankalina ya dawo jikina, yayana Garba ya rabar da tufafinsa duka sadaka. Bai yi da mugunta ba. Amma na duba ɗakinmu na unguwar Sa'alaba, a nan ƙasar Larabawa, ban ga abu ɗaya da hannunsa ya saba riƙewa ba.

Sai na tuna da filafili. Yana cikin ƙungiyar ɗalibai masu tseren kwalekwale, suna kiranta nadi. Kullum yakan dawo daga bakin teku tafin hannunsa duk kanta, in shafa masa mai ina faɗa.

Da abokinsa Rafi'u ya zo gaisuwa, wani Bahaushen Sudan da suke tuƙi tare, na ce ya kawo mini filafilin ɗana.

Ya ce, "Khala Dela," wato inna Dela da Larabcinsu, "wallahi ba ni da iko. Ra'is ne kaɗai ke fitar da kaya."

Na ce to ya gaya wa ra'is ɗin.

Ya sunkuyar da kai. "Ai Abdulghaffar ne ra'is."

Ban taɓa sani ba. Yaron da nake aika sayen gawayi, ashe shugaba ne.

Garba ya bar aikinsa na tashar jiragen ruwa ya je jami'ar, tun da mace ba ta shiga wajen maza. Malamin da ke kula da nadin ya ce shi ido ne kawai, kayan na kwaleji ne. Kwaleji suka ce na ofishin wasanni ne. Ofishin wasanni suka ce sun damƙa wa ɗalibai, sai abin da kwamitinsu ya yanke. Garba ya dawo ya zauna ya ce, "Dela, jirgin ruwa guda na sauke kayansa ban sha wannan wuya ba."

Ashe kwamitin a gidan ra'is yake zama, haka suka saba. Saboda haka wata Alhamis bayan la'asar sai ga su su shida a tsakar gidana. Na aika musu shayi, na zauna bayan labule. Larabci suke yi da sauri, Rafi'u yana juyo mini abin da ya wuce ni.

Akwai Othman magatakarda, shi ne mai dokoki a ka. Akwai Saleh, mai riƙe makullin rumfar kwalekwale. Na ce, to mai makulli ya buɗe mana. Rafi'u ya ce riƙewa yake yi, buɗewa sai da izini.

Wani mai suna Mahmud ya ce filafilai takwas ne cif, ba ragi, ga tsere da wata kwaleji ya matso. In an cire ɗaya kwalekwalen zagaye zai yi ta yi.

Saleh ya ce, "Da kai a ciki ma zagayen yake yi, ya shekh."

Suka yi dariya, suka tuna inda suke, suka yi tsit.

Aka ce a ɗaga hannu. Ni ban ga komai ba, labule ne a gabana. Rafi'u ya ce uku sun yarda, uku sun ƙi. In aka yi daidai, ra'is ke raba gardama.

Na ce su naɗa wani. Othman ya ce zaɓe sai an kira babban taro, kuma ra'is ne ke kiran babban taro. Na ce to ga Garba, kawunsa ne, ya riƙe. Aka ce Garba ba ɗalibi ba ne. Garba ya ce alhamdulillahi.

Kaina ya ɗaure. Ɗana yana kabari, kuma komai shi ake jira.

Nan na tuna abin da liman ya faɗa ranar rabon ɗan abin da ya bari: ga ƙannensa mata biyu, don haka uwa sudusi ne nata. Na ce a raina, in hannun nan da ake jira nasa ne, ai ya zama gado. Na zura hannuna ta gefen labule na ɗaga.

Na ce, "Ga sudusina."

Sannan Othman ya ce, a hankali, babu sudusin ƙuri'a a dokar nadi.

Saleh ya ce, "An hana?"

"Ba a ambata ba."

"To uku da sudusi ya fi uku. Ko lissafin ma sai ra'is?"

Sai Mahmud ya buɗe baki. Muryarsa ta canza. Ya ce, "Halas, shi ke nan. A ba Khala. Mu ara wajen masunta."

Othman ya ce na masunta gajere ne. Mahmud ya ce halas ya ce. Har yau ban sani ba ko hujjata ce ta ci, ko tausayina suka ji.

Washegari Rafi'u da Saleh suka kawo shi a kafaɗa. Ban zaci tsawonsa ya kai haka ba. Ya ƙi shiga ɗaki, muka kwantar da shi jikin bangon tsakar gida. Mariƙinsa ya yi baƙi, ya yi santsi.

Na ce, "Wannan ne nasa?"

Suka kalli juna. Rafi'u ba ya iya ƙarya. Ya ce filafili na mazauni ne, ba na mutum ba, kuma Abdulghaffar babu mazaunin da bai zauna ba, duk wanda ya yi fashi shi ke maye gurbinsa. Wannan ya riƙe shi, sauran bakwan ma ya riƙe su.

Na ce to hannun wa da wa ke nan?

Ya ce, "Namu duka, Khala. Har da nasa."

Na rasa ko in ce su mayar, ko in ce su kawo sauran. Na durƙusa na kama mariƙin da hannu biyu, su kuma suka tsaya suna jira in sallame su.