Goron da Malam Barmo Ya Maido

Hamani yana durƙushe yana ɗaure ragon suna a gindin dogon yaro, sai yayarsa A'ishatu ta shigo gidan fuska ba annuri. Ko sallamar kirki ba ta yi ba. Ta kwance bakin gyalenta ta zube goro a kan tabarma, farare manya, waɗanda shi da kansa ya tsince jiya ya ce a kai wa Malam Barmo.

"Baba ya ce a maido maka," in ji ta. "Ya ce gobe ba zai zo ba. Wai ka nemi wanda zai raɗa wa ɗanka suna a cikin sababbin abokanka."

Igiyar ta suɓuce daga hannun Hamani. Malam Barmo ƙanin mahaifinsu ne, shi ya riƙe su tun suna ƙanana, kuma shi ne muƙaddamin ɗarika a unguwarsu a Birnin Ƙonni. Babu jaririn da aka haifa a zuriyar wanda ba shi ya raɗa masa suna ba. In ya ƙi zuwa sunan ɗan fari na Hamani, kowa a gari zai gane cewa ya cire shi daga cikin 'ya'yansa.

"Waɗanne abokai kuma?"

"Masu sukar ɗarikar nan da ke tsallako iyaka suna wa'azi. Ya ce kana da littafin nasara a ɗaka, wanda aka rubuta don a rushe sufaye. Hamani, gaskiya ne?"

Ya tsaya yana kallonta baki buɗe, can sai abin ya faɗo masa. Littafin kam akwai shi. Ya saye shi a teburin tsofaffin littattafai a Yamai lokacin hutun lakwal, wato makarantar bokon da yake koyarwa, littafin Faransanci ne mai koyar da yadda ake gane hujjar banza, irin wadda ke kama da gaskiya alhali ruɓaɓɓiya ce. Sunan irin wannan hujja da Faransanci sofisma, an rubuta shi ɓaro-ɓaro a bangon littafin. Sufanci kuwa a Faransancin ana ce masa sufisma. Tsakanin kalmomin biyu bai wuce motsin leɓe ba.

Tun da Hamani ya sami littafin nan, Allah ya sani, babu wanda ya sake shan shayi cikin kwanciyar hankali a majalisarsu. Mutum ya ce tun da aka kafa ma'aikatar siminti a Malbaza damina ta lalace, sai Hamani ya ɗaga yatsa, ya ce zakara ma yana cara gari ya waye, amma ba caransa ne ke wayar da gari ba. Mutum ya ce ai kowa ya san abu kaza, ya ce kowa ba shaida ba ne. Har abokansa suka laƙaba masa suna Mushe Ina Hujja, mushe ɗin da 'yan lakwal ke kiran malaminsu da shi. Shi kuwa daɗi yake ji.

To yau ga shi an yanke masa hukunci a kan kalma guda. Abin da ya fara cin ransa shi ne wa ya kai maganar. Malam Barmo ba ya karanta boko, ko harafin a ya gani ba zai shaida shi ba. Ke nan wani ne ya ga bangon littafin, ya karanta shi a karkace, ya kwashi ƙafa ya kai. Wanda ya iya Faransanci sosai ba zai yi wannan kuskure ba, wanda bai iya ba sam ba zai karanta ba. Sai mai rabin karatu.

Nan take fuskar Chindo ta zo masa. Chindo abokinsa ne tun suna yawo ba wando, direban motar fijo mai zirga-zirga tsakanin Ƙonni da Tawa, wanda ya bar lakwal a aji shida da mahaifinsa ya rasu. Shekaranjiya da ya zo karɓar goron da zai raba wa abokai, ya ɗauki littafin a kan tebur, ya bi haruffan bangon da yatsa yana motsa baki, sannan ya ajiye bai ce komai ba. Shirun nan da Hamani bai kula da shi ba, yanzu shi ya fi komai ƙara a kunnensa. Ya kuma tuna Chindo ba ya fashin wazifa a zauren Malam Barmo duk ranar da ya kwana a gari. Ya tuna wata rana da ya kayar da shi a gardama gaban jama'a, Chindo ya yi dariya, amma dariyar ba ta kai ciki ba.

Daga cikin ɗaki matarsa Zuwaira, da ke kwance da jariri, ta ɗaga labule. Ta ji komai.

"Mushe, kafin ka yi wani abu, ka je wurin Baba tukuna."

"Zan je. Akwai wanda zan fara gani."

Ya sa littafin da ƙamus a jaka ya fita, bai ko tsaya ya ƙarasa ɗaure ragon ba.

Tasha ta cika da hayaniyar rana tsaka, kamasho na kiran Dogarawa da Malbaza, ana ɗora buhunan albasa a kan motoci. Ya hango Chindo a inuwar rumfar direbobi, jakar goron suna rataye a kafaɗarsa, yana miƙa wa wannan yana miƙa wa wancan. Da suka haɗa ido Chindo ya taho da sauri.

"Yawwa, dama kai nake nema. Yanzu na fito daga wurin Baba Barmo..."

Shi ke nan. Abin da Hamani ke jira ke nan ya ji.

"Na sani," ya ce. "Ka je ka ga ko wutar da ka kunna ta kama."

"Wace wuta?"

"Ba ni jakar nan."

Chindo ya tsaya yana dubansa. Hamani ya sa hannu ya zare jakar daga kafaɗarsa a gaban direbobi da 'yan kamasho, har goro biyu suka faɗo suka gangara ƙarƙashin benci.

"Kalma guda ta gagare ka karantawa, amma kai ta gaba bai gagare ka ba. In mutum bai gama lakwal ba, sai ya bar littattafan waɗanda suka gama su huta. Gobe kada in ga ƙafarka a ƙofar gidana."

Duk tsawon zamansu bai taɓa goranta masa barin lakwal ba, sai yau. Chindo bai ɗaga murya ba. Ya sunkuya ya tsinto goron nan biyu, ya goge su a rigarsa, ya jefa cikin jakar da ke hannun Hamani.

"To, Mushe," ya ce. Bai taɓa kiransa da wannan suna ba sai cikin wasa, yau kuwa babu wasa a ciki. Ya juya ya nufi motarsa.

Hamani ya baro tasha yana jin kansa daidai. Ya yi ta maimaita wa kansa a hanya: shi ya ga littafin, shi ke da rabin karatu, shi ke zuwa zauren, kuma da bakinsa ya ce daga can yake. Wace hujja ta rage?

Sai bayan la'asar ya sami Malam Barmo shi kaɗai a zaure, zaune a kan buzu, carbi a hannu. Hamani ya cire takalma ya durƙusa ya gaishe shi. Tsohon ya amsa da hanci, idonsa na kan bango.

"Baba, na zo ne a kan littafin."

"Kada ka buɗe mini shi a nan."

"Ba zan buɗe ba. Ka ba ni izini in faɗi abin da ke ciki, in ka ji akwai sunan shehi ko ɗaya, ni da kaina zan sa masa wuta a ƙofar zauren nan."

Malam Barmo bai ce e ba, bai ce a'a ba, carbin dai ya tsaya. Hamani ya fara cikin ladabi, kamar ba shi ne mai hana majalisa sakat ba. Ya ce littafin yana magana ne a kan yadda tunani ke zamewa. Ya kawo misalin zakara da wayewar gari. Ya kawo na mutumin da aka kawo masa hujja, maimakon ya amsa hujjar sai ya zagi mai kawo ta. Ya kawo na kalma mai ma'ana biyu, a shiga gardama da ɗaya a fita da ɗaya.

A nan tsohon ya juyo ya dube shi karo na farko.

"Sake faɗin sunan abin."

"Sofisma, Baba."

"A hankali."

"So-fis-ma."

Malam Barmo ya ajiye carbi, ya share yashin da ke gabansa da tafin hannu, ya rubuta wata kalma da yatsa cikin haruffan Larabci. Ya daɗe yana kallonta.

"Safsaɗa," ya ce a hankali. "Ashe safsaɗa ce. Da harafin sinun ake rubuta ta, sufanci kuwa da sadi. Mun karanta ta a Sakkwato a babin manɗiƙi, ilimin auna hujja, lokacin gemuna bai fito ba. Hujjar da aka yi wa kwalliya, cikinta ƙarya. Malaminmu har bulala ya yi mini a kanta." Ya yi wata 'yar dariya marar daɗi, ya shafa fuska. "Astagfirullah. Na karanta ta, kuma ta kama ni da tsufana. Ina goron?"

Hamani ya yi hamdala. Ya buɗe jakar da ya ƙwace a tasha ya ɗebo goro ya zuba a gefen buzun.

"Ba laifinka ba ne, Baba. Laifin wanda ya kawo maka maganar ne. Na riga na yi maganinsa, Chindo ba zai sake ba."

"Wane Chindo?"

"Shi da ya ga bangon littafin ya zo ya faɗa maka."

Malam Barmo ya ƙura masa ido.

"Babu wanda ya faɗa mini komai. Da kunnena na ji, kuma daga bakinka. Ranar da matarka ta haihu na taho barka, na iso bayan darninka, sai na ji kana gaya wa abokin aikinka da ƙarfi, kai da murya dama, cewa littafin nan ya gama da su, ya tone asirinsu ɗaya bayan ɗaya, duk wanda ya karanta shi ba za su sake yaudararsa ba. Ka kuma ambaci kalmar nan. Sai na juya na koma gida. Ba ka lura ban zo barka ba?"

Ya lura. Ya ɗauka ciwon gwiwa ne ya hana shi.

"Chindo kuwa," in ji tsohon, "da hantsin nan ya kawo wa maƙwabta goro, ya ji labari, ya shigo nan ya durƙusa inda kake. Ya yi ta rantsuwa cewa kai ba haka kake ba. Ya ce shi karatunsa bai yi nisa ba, amma ya duba bangon da kyau, harafin ba ɗaya ba ne, in bari ya je ya taho da kai ka yi mini bayani. Na kore shi. In ka gan shi ka ce ina neman gafararsa." Ya ɗauki carbinsa. "Wane magani ka ce ka yi masa?"

Hamani ya sunkuyar da kai. Kunya ta rufe shi tun daga kai har ƙafa. Jakar goron na gefensa, ta yi rabi, sauran rabin Chindo ya riga ya raba wa mutane da sunansa. Tsohon ya dubi jakar, ya dube shi, bai sake tambaya ba.

"Gobe da sassafe zan zo," ya ce. "Tashi ka tafi."

Bai bi ta gida ba. Da ya isa tasha rana ta yi sanyi, motoci sun ragu. Wurin da fijon Chindo ke tsayawa babu komai sai tabon baƙin mai a ƙasa. Mato, kamashon layin Tawa, yana zaune a kan benci yana cin gyaɗa, kuma yana cikin waɗanda aka yi abin a gabansu.

"Ina Chindo?"

"Ya yi lodi ya tafi Tawa."

"Ai ya ce mini yau da gobe ba zai yi aiki ba, saboda suna."

"Haka ya ce da safe," in ji Mato, bai ɗago kai ba. "Da rana ya ce a maida shi layi. Daga can ma wai zai wuce gaba da wasu fatake, sai jibi ko gata."

"Bai bar saƙo ba?"

"Bai bari ba. Ko kana da hujjar cewa ya kamata ya bari, Mushe?"

Wani direba ya yi dariya ƙasa-ƙasa. Hamani ya juya musu baya. Ya dubi hanyar Tawa, ya dubi jakar da ke hannunsa. Akwai gidajen abokai da yawa da goro bai kai ba, kuma Chindo ne kaɗai ya san waɗanda aka ba da waɗanda suka rage.

"Motar ƙarshe ta Tawa ta tashi?" ya tambaya.

"Ga ta can, saura mutum ɗaya."

Gobe da sassafe za a raɗa wa ɗansa suna. In ya sami motar asuba zai iya dawowa kafin a watse, in bai samu ba kuma sai yadda ta yiwu. Ya miƙa wa Mato jakar littafin da ƙamus ya ce ya ajiye masa, ya rataya ta goron a kafaɗa, ya je ya matsa a kujerar baya kusa da buhun albasa.