Motar Baba Ta Sake Tashi

Mai gyara ya kwance noti na ƙarshe ya ɗaga murfin na'urar, sai ga kyankyaso ya fito daga ciki a guje, ya bi ta kan tebur ya shige bayan wata tsohuwar rediyo.

"To, ɗan haya ɗaya ya tashi," in ji mai gyara. Ya karkata na'urar wajen hasken ƙofa ya hura ta. "Malama, yaushe rabon da a kunna wannan gem ɗin?"

Auta ta ja gefen mayafinta ta rufe hanci. "Tun ina sakandare."

Ya jona mata wuta, ya tattaɓa cikinta da tsinken awo, ya kai kunnensa kusa kamar likita. Can ya ajiye kayan aikinsa.

"Gaskiya zan faɗa miki, wannan ta riga mu gidan gaskiya. Kayanta ma an daina kawo su. In na ce ki bar ta ki dawo, yawo kawai zan sa ki."

Auta ta tsaya tana kallon baƙin akwatin. Da ƙyar ta samu aka ba ta hutun rabin yini a kantin maganin da take aiki, kuma duk dabararta a kan wannan na'ura ta ɗora ta.

Saboda Baba ne. Mahaifinta ya ƙare ƙuruciyarsa yana tuƙa manyan motocin fasinja, har ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da shi a bara. Ƙafa ta dawo, baki ya dawo, har ya fi da kaifi, amma hannun hagu ya ƙi. Likitar gashin ƙashi ta ce yatsun za su saki in ana motsa su kullum, ta ba shi ƙwallon roba ya riƙa matsawa. Baba ya ce shi ba jariri ba ne da za a ba shi abin wasa. Ƙwallon nan yanzu ƙofar kicin ake tokarewa da shi. Asibitin ma ya daina zuwa, wai matar murɗe shi kawai take yi tana dariya.

Shekaranjiya Mama tana kwashe tarkacen saman sif ta ci karo da na'urar gem ɗin da Baba ya saya wa yayan Auta lokacin da ya ci jarrabawa, da faya-fayanta uku. Auta na ganin faifan tseren mota ta tuna yadda Baba yake dawowa daga doguwar tafiya, ya kore su daga gaban talabijin wai su je su yi karatu, shi kuma ya miƙe ƙafa ya kama tuƙi. Abin riƙewar nan mai maɓallai, wanda 'yan gem suke kira hannu, da babban yatsan hagu ake juya sitiyarinsa.

"Faya-fayan suna nan?" Mai gyara ya katse mata tunani.

"Suna cikin jaka."

"Hau sama, shago na ƙarshe. Akwai wata mai sayar da gem, ki nuna mata. Na ji ana cewa sababbin na'urorin nan suna karɓar tsofaffin faifai. Ni dai rediyo da talabijin na sani, kada in yi miki ƙarya."

Mai shagon gem ɗin mace ce sa'ar Auta, da tabarau a saman goshi, tana cin gyaɗa a bayan kanta. Da ta ga faifan tseren sai ta ajiye gyaɗar ta goge hannu.

"Ikon Allah. 'Yar'uwa, ina kika tono wannan? A kan gem ɗin nan na sha duka ba adadi, don shi nake gudun wanke-wanke."

Auta ta yi dariya, ta gaya mata abin da ke tafe da ita. Matar ta saurara har ƙarshe, sannan ta juya faifan tana duban bayansa a haske.

"Abin da yake nan shi ne, sabuwar na'ura tana iya yin kamar ita ce tsohuwar, ta karanta faifan kakarta. Amma ba kowane ba. Wani ta karɓa, wani ta ce ba ta san shi ba. In ta karɓa, za ta nemi intanet ta ɗan sauko da wasu abubuwa, sai ki yi haƙuri da ita. Da na gwada miki a nan, to tawa irin wadda ba ta da bakin faifai ce. Kuna da sabuwa a gida?"

"Maigidana yana da ita. Ƙwallo yake bugawa, ni ko kallo ba ta ishe ni ba."

"Tambaye shi ko tana cin faifai."

Matar ta ɗauko wani ƙyalle mai laushi ta shiga goge faifan a hankali daga tsakiya zuwa baki, Auta kuma ta kira maigidanta a ofis.

"Yallaɓai, aron na'urarka nake so."

"Wace na'urar?"

"Guda nawa gare ka?"

"Auta, yau fa da yamma muke da gasa da mutanen ofis. Na riga na cika baki."

"Baba zan kai wa. Tana da wurin saka faifai?"

Ta ji ya sauke numfashi, muryarsa ta sauya. "Tana da shi. Ki ɗauka har da hannun biyu. Ki ba shi sabon, maɓallansa sun fi laushi. Mutanen ofis kuwa na ce musu Allah ne ya cece su."

Ta biya gida ta naɗe na'urar a tawul, ta rungume ta a cikin bas kamar mai ɗauke da jinjiri, har wata tsohuwa da ke gefenta ta matsa mata tana cewa a yi hankali da kan yaron.

Ta tarar da Baba inda ta san za ta same shi, a kujerarsa ta bakin taga, hannun hagu a kwance a cinya. Daga nan yake yini yana sauraron motocin da ke wucewa yana yanke musu hukunci.

"Ji wancan," ya ce kafin ma ta gama gaishe shi. "Yana hawa tudu da giya ta huɗu. Wa ya ba shi lasin?" Ya juyo ya ga tawul. "Me kuma kika kwaso? In wani abin matsawa ne, ki mayar."

"Ba naka ba ne, Baba. Talabijin ɗinmu ce ta lalace, na zo in gwada abu a taku."

Mama, wadda ta san zancen, ta leƙo daga kicin ta koma tana danne dariya.

Auta ta durƙusa ta jona wayoyi. Tsoro ya hana ta farawa da faifan tseren, sai ta saka na ƙwallo. Na'urar ta haɗiye shi, ta yi ɗan gurnani, wani rubutu ya fito yana ba da haƙuri. Ta saka na dambe. Haƙurin dai aka sake ba ta.

Baba yana kallo ta wutsiyar ido. Ya gane faya-fayan, ta san ya gane su.

"Kayan zamani ba su san manya ba," ya ce, ya mayar da fuskarsa taga.

Ta yi bisimilla a zuci ta tura na ukun. Gurnanin ya daɗe fiye da na baya. Sai wani ɗan hoton mota ya bayyana a kusurwar allo, na'urar ta nemi intanet. Auta ta haɗa ta da datar wayarta. Wani siririn layi ya fito ya soma cika, a hankali kamar tafiyar hawainiya.

Mama ta kawo shayi. Aka sha, aka yi hirar maƙwabta, aka yi ta yayan Auta da bai kira ba kwana biyu. Layin ya wuce rabi ya tsaya cik, Auta ta ɗaga wayar sama ta kai ta bakin taga, ya ci gaba. Auta ta lura Baba ya daina yi wa direbobin titi faɗa.

Allon ya yi baƙi. Sai kiɗan ya tashi.

Kiɗan nan ne dai, mai ganga da ƙarar inji a ƙarƙashinsa, wanda ya cika falon nan shekaru da yawa da suka wuce. Mama ta dafe ƙirji tana dariya.

"Wannan kiɗan da ya hana ni jin labarai. Ashe bai mutu ba."

Baba ya juyo da kujerarsa gaba ɗaya. Hoton ya fi yadda Auta ta san shi tsabta, har ana ganin duwatsun gefen hanya, amma hanyar ita ce, da gadarta da kwanar nan mai kama da ƙugiya.

"Ina koriyar motata?" ya tambaya.

"Tana cikin tsohuwar na'urar, Baba, ta tafi da ita. Sai dai a fara da ƙaramar farar nan."

"To ai a duniya ma da ƙarama na fara." Ya miƙo hannun dama. "Kawo in ga ko sun ɓata ta."

Ta ɗora masa sabon hannun a cinya. Ta so ta kama yatsunsa na hagu ta jera masa, sai ta fasa. Shi da kansa ya sa dama ya ɗauko hagun ya aza, ya tura babban yatsan kan ɗan sandan sitiyari. Ya ɗauki lokaci. Mama ta sami abin gogewa a kan tebur, Auta ta duƙufa kan zaɓen tata motar.

Aka ƙirga, motoci suka tashi. Ko a da can Baba bai taɓa cin tseren nan ba, don tuƙi yake yi irin na mai ɗauke da fasinja: ya rage gudu kafin kwana, ya ba na bayansa hanya, ya iso na ƙarshe motarsa ko ƙwarzane babu, ya ce su waɗancan mahaukata ne. Yau ma haka ya tashi a natse. Miƙaƙƙiyar hanya ta tafi lafiya. Da aka zo kwanar farko yatsan ya makara, farar motar ta tafi kai tsaye ta rungumi katanga.

Auta ta jira ya ajiye hannun ya koma taga.

"Direba," in ji Mama daga bayansa, "ni dai a nan zan sauka."

Baba ya fashe da dariya. Dariya sosai, irin wadda ta sa shi tari har sai da aka miƙa masa ruwa. Auta ta manta rabon da ta ji ta.

"Zauna, Hajiya, ba a sauka a daji." Ya share ido da kafaɗa. "Duk tsawon aikina ban taɓa goga motar mutane ba, yau ga ni a jikin katanga a gaban iyalina."

Ya yi baya, ya hau hanya. Ya daki katanga a kwana ta biyu, ya faɗa ciyawa a ta uku. A ta huɗu yatsan ya tura sandan da kyau, motar ta sha kwanar tsaf, Mama ta tafa masa. Auta ta sassauta tata motar a kan gada tana jiransa.

"Me kike yi a nan?"

"Taya ce ta ɗan..."

"Ke, ni za ki yi wa wayo? Gem ɗin nan ba ya faci. Taka motarki. In kin tausaya min ban yafe ba."

Ta taka. Ta cinye shi, ta sake cinye shi. Kowane zagaye sai ya nemi a sake, gumi na tsattsafo masa a goshi, yana yi wa yatsansa faɗa kamar yaron mota. "Hagu na ce, hagu. Kai wane irin kurma ne?" Da maigidan Auta ya biyo ɗaukarta bayan an tashi daga aiki, a bakin ƙofa ya tsaya da takalmi ɗaya a ƙafa yana kallon allo.

"Baba, ashe gwani ne."

"Kada ka yi min daɗin baki, na bakwai na zo cikin takwas." Baba bai ɗauke ido daga hanya ba. "Na'urar taka ce?"

"Taka ce, Baba, sai ranar da ka gaji da ita."

"To ka yi sallama da ita."

Sai da hannun ya soma rawa don gajiya sannan ya yarda aka tsaya. Ya jingina da kujera yana numfashi, ya ɗaga hagun da kansa ya kawo shi kusa da fuska, yana duban babban yatsan kamar yadda yake duban injin da ya ba shi kunya a hanya. Ya lanƙwasa shi, ya miƙe shi, ya sake lanƙwasawa.

Auta tana naɗe tawul ya kira ta.

"Matar nan ta asibiti, mai murɗe mutane. Tana nan?"

"Tana nan, Baba."

"Gobe ki zo ki kai ni. Ki gaya mata wannan babban kawai nake so ta fara gyara min. Sauran huɗun su bi layi."