Rijiyar Dagdu da Alewar Sampat

Tun kafin la'asar Dagdu ya ji gangar. Yana duƙe cikin albasa yana buɗe wa ruwa hanya da fartanya, sai ga sautin daga gabas, wajen gidan Sampat. Ba watan aure ba ne, ba a kuma yi haihuwa a gidan ba. Ya miƙe da ƙyar, ya dafa ƙugu.

Yau ne Babbar Kotu za ta yanke hukunci. 'Yarsa Mangal ta bi motar asuba zuwa birni, har yanzu ba ta bugo waya ba. Can kan iyakar gona kuma katafilar masu aikin titi ta kwana uku a tsaye, ta sa baki a ƙasa, ta fuskanci rijiyar da ya haƙa da hannunsa.

*

Shekara talatin da ɗaya ke nan da ya sayi gonar a hannun Bhiku, uban Sampat, amininsa tun suna kiwon awaki. Shanun huɗa biyu ya bayar da kuɗi, rufi dubu tara. Aka fasa kwakwa a ƙofar ɗakin bauta, dattawa uku suka shaida, aka sha shayi. Matar Dagdu, tana da rai a lokacin, ta ce ya je wurin magatakardan gonaki a sauya suna a littafi. Ya daka mata tsawa: "Ni da Bhiku sai takarda? Ai zagi ne wannan!"

Kayya! Bhiku ya mutu, dattawan nan uku duk sun bi shi, ita kuwa takarda ba ta mutuwa.

Da gwamnati ta zo yanka babban titi, sunan da ke littafi ta nema. Sampat, yaron da Dagdu ya sha goyawa a wuya, ya je ya yi rantsuwa a rubuce cewa shi ke noman gonar, shi ya haƙa rijiyar. Aka zuba masa diyya. Mangal ta kai ƙara wurin 'yan sanda a kan zamba. Sampat ya kwana huɗu a tsare, aka kulle kuɗin a banki. Da ya fito sai ya garzaya Babbar Kotu yana neman a soke ƙarar. Gona dai ta tafi, Dagdu ya san wannan. Kuɗin nan su ne kaɗai za su saya masa wani ɗan fegi ya ƙarasa kwanakinsa yana noma, ba yana ƙwadago a gonar wani ba.

*

Mangal ta iso ta bayan gari, don kada ta bi ta gaban masu kiɗa. Jakar takardu na rungume a ƙirjinta. Ta zauna bakin rijiya ba ta dube shi ba.

"Faɗa mini, yarinya. Ai ganga ta riga ki."

"Sun soke ƙarar, Baba. Ko minti goma ba a yi ba."

"Sun ce bai yi ƙarya ba?"

"Ba su ce ba. Wai rigimar fili ce, ba aikin 'yan sanda ba. Wai sunan ubansa ne a littafi, in muna ja mu tafi ƙaramar kotu mu shigar da ƙarar mallaka."

"Kuɗin fa?"

"Jibi za a buɗe masa."

Dagdu ya ce: "To, ita ƙaramar, wata nawa?"

Ta yi wata irin dariya mara daɗin ji. "Wata? Lauya ya ce akwai shari'ar da ya gada daga ubansa, har gobe ana ɗagewa. Ya tambaye ni shekarunka, Baba. Da na faɗa masa sai ya rufe fayil ɗin."

Tsoro ya kama Dagdu, irin wanda bai taɓa ji ba ko shekarar fari. Kiɗan kuwa sai matsowa yake.

Sampat ne a gaba, an rataya masa furanni har cibiya, goshinsa jajir da hodar da ake shafawa ranar murna, yana riƙe da kwalin alewar madara. Samari na biye da shi. Ya sunkuya ya taɓa ƙafar tsohon alamar girmamawa, yadda kowa zai gani.

"Baffa, a ɗanɗana. Harshe da haƙori ma suna saɓawa."

"Ɗan Bhiku," in ji Dagdu a hankali, "wa ya haƙa rijiyar nan?"

"Haba Baffa, a bar kaza cikin gashinta. Manya sun gama magana."

"Marar kunya!" Mangal ta zabura. "Ruwan nan da shi aka yi maka wanka kana jariri!"

"Ke dai ki yi a hankali," Sampat ya ce yana murmushi. "Kwana huɗun nan nawa ban manta ba. Lauyana ya ce akwai ƙarar ɓata suna."

Ya tura alewa ɗaya cikin tafin Dagdu, ya naɗe masa yatsu a kanta. A ƙauyen nan ba a mayar da alewa sai in an yanke zumunci, kuma idanu ashirin suna kansa. Tsohon ya riƙe. Suka juya da kiɗansu.

*

Da safe injin katafila ya tashi. Dagdu na bakin rijiya, alewar na ajiye kan dutse, kiyashi sun yi mata baƙi. Direban ya diro, wani magidanci mai tawul a wuya, ya zo yana murza hannu.

"Baba, sai haƙuri, aiki aka sa mu. A kwashe famfon nan. Af, an ce duk yankin nan ba ruwa mai daɗin na rijiyar Sampat. A ɗan sam mini mana kafin mu cike ta."

Dagdu ya miƙe. Ba a hana mai ƙishi ruwa. Ya ɗauki guga ya zura.