Masu Dakon Ɗuri Sina

"An sake yin cancel, sun soke ranar kallon fim ɗin," na ce, na kife wayar.

Baba Sualihu bai ɗago ba. Maƙwabcina ne a unguwar Deptford ta London, ƙofarsa na kallon tawa, mutumin Zangon Kumasi. Tun safe yake sanye da kwat, har ya ɗaure takalmi.

"Karo na nawa ke nan, Hansai?"

"Na huɗu, Baba."

Shekara biyu ina rubuta masa wasiƙu zuwa wata ma'ajiyar tsofaffin fina-finai. A 1926 guzuri ya ƙare musu a Suez, shi da wansa Masawudu, suna hanyar Makka. Wasu Turawa suka ɗauke su dako zuwa Dutsen Ɗuri Sina, neman inda Annabi Musa ya tsaya, suka yi fim mara murya. Zazzaɓi ya kashe Masawudu wajen saukowa. Bai bar hoto ko ɗaya ba.

Na sake bugawa. Jane, ma'aikaciyar wurin, ta ce fim ɗin ya tsufa, yana iya kama wuta, sai an kwafe shi tukuna, kuma akwai layi.

"Shekararsa tamanin da ɗaya," na ce da Turanci. "Zuciyarsa ba lafiya."

"I do understand," ta ce.

Baba ya fara kwance igiyar takalmi. "Ba Turawan nake so na gani ba, 'yata. Fuskar Masawudu ya ɓace mini. In na rufe ido, hularshi kawai ke zuwa."

Ya rasu a Fabrairu, a asibiti, ranar da nake aikin safe. Wasiƙar ma'ajiyar ta iso a Afrilu: an shirya fim ɗin.

Na tafi da 'yarsa Zaratu, haihuwar London, mai jin Hausa tana amsawa da Turanci. Jane ta zaunar da mu a wani ƙaramin ɗaki, ta kunna fim ɗin. Minti ashirin Turawa na kan raƙuma, suna shan shayi, suna nuna duwatsu da sanda. Sai ga masu dako, su bakwai, suna hawa da akwatuna a ka. Kafin in gama ƙirga su an wuce.

"Which one's Dad?"

"Ban sani ba, Zaratu."

Muka sa aka mayar, har sau uku. Ta matsa kusa da allon, yatsanta na bin fuskokin ɗaya bayan ɗaya. Na ƙarshe a layin, ko Baba ne ko Masawudu ba mu sani ba, ya waiwayo yana dariya, bakinsa na motsi.