Tabkin da Bunu Ya Gani a Kan Dutse

Shekara tara Bunu ya yi yana ɗaukar wa fatake kaya a hanyar Adamawa kafin ya dawo ƙauyensu da ke gabas da Haɗeja. Ya tafi yana masunci mai ji da ƙarfi, ya dawo gammo ya cinye masa gashin tsakar ka, dugadugansa duk faso. Da ya iso bakin gari sai ya tsaya cak. Tabkin da ya tashi yana su a cikinsa ya zama fili, taɓo ya tsattsage, awaki na kiwo inda dā ake jan taru.

Yayarsa Yagana ce ta tarbe shi. Ta ba shi ruwa ya sha, sannan ta ce, "Damina uku ke nan kogi bai leƙo mu ba. Yashi ya toshe bakin da yake shigowa, ya karkata arewa. Gobe ma za a fita gayyar haƙa."

"Yaya, yau fa na sauka."

"Na sani. Amma maza sun yi ƙaranci."

Washegari ya saɓi fartanya ya bi su. Haladu, tsohon sarkin ruwan ƙauyen, shi ya shata inda za a yanka hanya daga kogi zuwa tabki. Suna kwashe yashi da kwanduna, yashin na zubowa ta bayansu. Da rana ta take suka zube a gindin tsamiya, kowa na haki.

Haladu ya ce, "Kai da ka zaga ƙasa, Bunu, ka taɓa ganin tabkin da ba ya jiran kogi?"

Bunu bai so magana ba, amma tsoho ne ya tambaya. Ya ce ya ga ɗaya, can kudu da Yola, a ƙasar duwatsu mai sanyi. Ayarinsu ya yada zango a gindin wani dutse, aka ce masa akwai ruwa a samansa. Kewar ruwa ta sa ya hau, tun hantsi har azahar. Da ya kai ƙoli ya leƙa, sai ga tabki a ƙasa, kewayayye kamar bakin akushi, ruwansa kore shar, ko motsi ba ya yi. Ba rafin da ke shiga, bai kuma ga wanda ke fita ba.

Shu'ibu, wanda suka yi ƙuruciya tare, ya yi dariya. "Haba Bunu! Ruwa gangara yake bi. Yaya aka yi ya hau dutse?"

"Ba hawa ya yi ba, daga sama ya sauko. Tsofaffin wurin sun ce tun zamanin kakannin kakanninsu dutsen ya yi aman wuta. Da ta mutu sai ta bar rami, ruwan sama ya cika shi. Can damina ta fi wata bakwai. Na ga duwatsun da idona, baƙaƙe ƙirin, masu huji-huji, ba nauyi."

"Zurfinsa fa?" in ji Haladu.

"Na hau kututture na shiga. Igiyar kaya biyar na ƙulla, na ɗaura dutse na saki, ban taɓa ƙasa ba."

"Kifi?"

"Ko tarwaɗa ɗaya ban gani ba, Baba. Ba bado, ba tsuntsu."

Haladu ya daɗe yana kallon busasshen filin. Can ya dafa gwiwa ya miƙe. "To, Allah ya bar musu abinsu. Ku tashi."

Kwana goma sha shida suka yi suna haƙa. Da damina ta kankama kogi ya kawo, ruwa ya biyo hanyar har mata suka yi guɗa. A rana ta uku gefen hanyar ya rufta, yashi ya sake rufe bakin. Ɗan abin da ya shiga ƙasa ta shanye.

Haladu ya tara mutane ya ce shi ya gama faɗa da kogi. Tunda ya koma arewa, su ma arewa za su bi shi.

Bunu ya koma gida ya zauna a kan turmi. "Yaya, ni ba inda zan ƙara zuwa. Ƙafata ta ƙare."

Yagana ba ta daina naɗe tabarma ba. "Tafiyar wuni ɗaya ce. In ka zauna, wa zai dafa maka?"

Su ne ƙarshen fita. Sau bakwai yana zama a hanya, ita kuma tana tsaye da tukunya a ka har ya huta. Sun isa bayan la'asar, suka tarar an fara kafa bukkoki a kan wani tudu, ruwa shimfiɗe a gabansa cikin ciyawar burgu. A nan Bunu ya ƙarasa kwanansa. Bai cika shiga su ba, yawanci ɗinkin komar kamun kifi yake yi wa mutane a inuwa, ƙafafunsa miƙe a kan yashi.